Muryar Zunta

Kwalin alewar ya faɗo daga bene, ya daki rumfar shagonmu na awara, ya gangaro ya faɗa cikin bahon da na fito da shi bakin ƙofa zan wanke. Ruwa ya fallatsar mini har fuska. Na ɗaga kai, sai ga maƙwabciyarmu Kasugai Teruyo, wadda muke kira Teruyo-san, tsaye a barandarta, hannu ɗaya a kan ƙarfe, ɗayan dafe da ƙyallen da take naɗe wuyanta da shi ko ana zafi ko ana sanyi.

"Ɗauki kayanki ki tafi," ta ce da yarinyar da ke tsaye a tsakiyar layinmu. Ba ta ɗaga murya ba. A lokacin ko ta so ɗagawa ba za ta iya ba.

Yarinyar ta sunkuya har gashinta ya rufe mata fuska. "Kasugai-san, gaisuwa kawai na zo yi."

"Kin yi. Na amsa."

Ta juya ta shige, ta ja ƙofar gilashi. Yarinyar kuwa ta ci gaba da sunkuyo ga barandar da babu kowa a kai, har mai keken kai saƙo ya zo ya rasa ta inda zai wuce.

Maigidana Genzo ya fito yana goge hannu a jikin riga, ya tsamo kwalin ya jujjuya shi. "Orie, wannan fa daga shagon manya yake. Kuma kowace a ledarta take, babu abin da ya same su."

"Ajiye wa mutane kayansu," na ce da shi. Na kama hannun yarinyar na ja ta ciki, na zaunar da ita a bayan kantar shago kusa da tukunyar waken suya, na zuba mata shayi. Ta ce sunanta Minori. Ba ta fi shekara ashirin da 'yan kai ba. Sai da ta sha rabin shayin sannan ta iya cewa, "Ni aka zaɓa in karɓi Zunta."

Ni da Genzo muka dubi juna. Bai ƙara yin maganar alewa ba.

Duk wanda ya yi yarinta a ƙasar nan ya san Zunta, yaron nan na wasan zane da ake nunawa a talabijin kowace Lahadi da yamma, mai gashi a tsaye da karyayyen haƙori, wanda kullum sai ya jawo wa kakansa rigima. 'Yata Keiko da shi ta tashi, 'ya'yanta ma da shi suka tashi. Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne, muryar yaron nan daga bakin wata 'yar gajeruwar mata take fitowa, wadda ke haya a saman shagon gyaran agogo da ke kallon namu a nan unguwar Ekoda ta Tokyo. Fiye da shekara arba'in Teruyo-san ta yi tana maganar Zunta. Ta shiga jirgin ƙasa, ta je kasuwa, ta tsaya a layin gidan waya, ba mai ɗaga ido ya kalle ta.

Mu a layinmu mun sani, kuma mun san dokokinta. Ba ta magana kafin hantsi; idan ta zo sayen awara da safe, da yatsa take nuna wadda take so. Ba ta shan ruwan sanyi, ba ta shan giya, ba ta zama kusa da mai taba. Genzo saboda ita ya koma shan tasa a bayan gida, yana mita. Babbar dokar kuwa ita ce ba ta yin muryar Zunta a waje. Iyaye sukan kawo yaransu suna roƙo, sai ta durƙusa ta ce wa yaron, "Zunta maƙwabcina ne a wurin aiki. Me zan gaya masa?" Na taɓa ce mata wannan rowa ce. Ta ce, "Orie-chan, yaro ya ga tsohuwa mai furfura tana magana da bakin abokinsa, kina ganin daɗi zai ji? Tsoro zai ji."

Tarihinta a gutsure na same shi, yau kaɗan gobe kaɗan, yawanci a gidan wanka na unguwa idan muna cuɗa wa juna baya. Daga wani ƙauyen Aomori take, can arewa, gidan manoman tuffa. Tana gama ƙaramar sakandare aka kawo su Tokyo su da yawa aikin masana'antar rediyo. Ranar farko ta buɗe baki ta tambayi inda ake ajiye takalma, duk ɗakin ya fashe da dariya saboda harshenta na ƙauye. Suka riƙa kwaikwayonta a wurin cin abinci. Sai ta rufe bakinta. Ta ce kusan shekara guda ta yi ba ta ce wa kowa komai ba sai i da a'a. Rediyoyin da take haɗawa su suka koya mata maganar birni. Mai karanta labarai ya faɗa, ita ta maimaita a ranta. Da bakin ya buɗe, sai ya zama babu muryar da ba ta iya ɗauka. Ta shiga wata 'yar ƙungiyar wasan kwaikwayo, shugabansu ya dube ta sama da ƙasa ya ce fuskarta ta rediyo ce. Ta yi kuka a hanya, amma ta bi shawarar. Daga nan ta shiga sa murya a finafinan ƙasashen waje.

"Na mutu ya fi a ƙirga," ta kan ce. "An harbe ni, an shaƙe ni, an jefa ni a rijiya. Na yi aku, na yi akuya, na yi keken ɗinki mai magana. Duk ban taɓa yin matar da jarumi zai aura ba."

Zunta da aka ba ta, cewa aka yi wasan wata shida zai yi a rufe. Ba ta yi aure ba. An taɓa nema, wani ma'aikacin jirgin ƙasa, ya ce sai dai ta bar aikin. Ta ce shi ya fi sauƙin bari.

Dashewar murya ta fara mata ne lokacin da furannin bakin kogi suke zuba. Ta ce mura ce. Na dafa mata citta da zuma, na kai mata madarar waken suya da ɗuminta kowace safiya. Bai tafi ba. A gidan wanka ta gaya mini abin da likita ya ce, tana zaune a kan 'yar kujerar roba, bayanta gare ni, ina riƙe da soso.

"Ciwon daji ne, a maƙogwaro. Ya ce idan aka cire wurin gaba ɗaya zan iya ƙara shekaru."

"To, a cire mana."

"Da muryar ake cirewa, Orie-chan. Rami za su bar mini a wuya."

"Sai me? Ai ga ki da ranki."

"Na ce masa a'a."

Na ajiye soson. Ban damu da matan da ke gefe ba. Na ce mata ba ta da hankali, na ce ta zaɓi yaron zane a kan mutanen da ke sonta. Na ce idan magana ce, ni ina da wadda za ta ishe mu mu biyu, ta tambayi Genzo. Ta bar ni na gama, sannan ta ɗebi ruwa ta zuba a kafaɗarta.

"Ba don Zunta ba ne. Zunta ya riga ya tafi, ko an yanka ko ba a yanka ba. Ni na taɓa zama a garin nan ba baki. Na san yadda yake. Ba zan koma ba."

Kwana da kwanaki ban yi mata magana ba. Madarar dai ban fasa kaiwa ba; in ajiye a bakin ƙofarta in ƙwanƙwasa in sauko. Ita ma ta wanke kwalbar ta ajiye mini a kan kantar shago. Genzo ya ce bai taɓa ganin faɗan da ake yi da madara ba.

Ta ci gaba da zuwa aiki har tsakiyar zafi. Ranar da ta je na ƙarshe, ta dawo da rana tsaka, ta zauna a kan bencin shagonmu da jakarta a cinya. Nan fushina ya ƙare. Ta ce ta iya maganganun duka, a hankali, ana tsayawa tana shan ruwan ɗumi. Da aka zo wurin dariyar Zunta, wadda kowa ya sani, ta buɗe baki sai iska. Ta sake, iska. Sauran 'yan wasan suka sunkuyar da kai kowa yana kallon takardarsa. Mai ɗaukar sauti ya ce kada ta damu, suna da tsofaffin dariyarta a ajiye, za su liƙa ɗaya.

"Ya kyauta," ta ce. "Yaron kirki ne. Da ya zage ni da ya fi mini sauƙi."

Bayan wannan ne Minori ta zo da alewarta.

Lahadin da aka fara sa sabuwar muryar, na hau na ce mata ta sauko mu ci abinci tare. Na ɗauka za ta ƙi. Sai ga ta ta sauko da kwalliyarta, har da jan baki. Muka zauna a ɗakinmu na baya, Genzo ya riƙe abin canza tasha yana satar kallona, ko in ce a kashe. Waƙar buɗewa ta wuce. Zunta ya faɗo daga kan katanga ya kira kakansa.

Wallahi ni ban ji bambanci ba. Genzo ma ya ce, "Kai, yarinyar nan ta iya. Kamar ke ce, Teruyo-san."

Na taka masa ƙafa a ƙarƙashin tebur. Teruyo-san ba ta kula mu ba. Ta rufe ido, ta karkata kunne. Can ta ajiye tsinken cin abincinta.

"Kun ji?"

"Me?"

"Ƙarshen maganarta. Tana kartar maƙogwaro. Wawiyar yarinya, na bana ta saurara ta kwaikwaya. Ciwona take kwaikwayo." Ta yi tari mai tsawo, ta goge baki. "Yaro ɗan shekara takwas da muryar mai daji. Idan ta ci gaba a haka, kafin shekara biyu ta kashe muryarta. Orie-chan, kin karɓi lambarta?"

"Ke da kika jefe ta da alewa?"

"Ban same ta ba ai. Kira ta."

Haka Minori ta fara zuwa, duk ranar da ba ta da aiki. Da yake layinmu matsattse ne, ana zafi kuma tagogi a buɗe, duk abin da suke yi a kunnenmu yake. Teruyo-san ba malama mai sauƙi ba ce. "Daga ciki, ba daga wuya ba. Wa ya ce ki matse? Sake." Yarinyar ta sake. "Yanzu kuma kin zama agwagwa. Sake." Mai gyaran agogo ya ce abokan cinikinsa suna tambaya ko jikansa ne ake hukuntawa a sama. Wani lokaci Minori ta sauko idonta jawur, ta zauna a wurina ta ci soyayyiyar awara, ta koma. Wata rana na ce mata, "Ke kuwa dole ne? Ai aikin ya riga ya zama naki."

Ta ce, "Inna, ina 'yar shekara shida iyayena suka rabu. Ranar Lahadi ce kawai nake dariya a gidan kakata. Ko dukana za ta yi zan zo."

Dariyar ce ta gagara. Minori ta yi ta ta kowace fuska, Teruyo-san na girgiza kai. Ita kuma ba ta da muryar da za ta nuna mata. Ranar nan ina can na kai miya, ta ce da yarinyar, da 'yar muryar da ta rage mata kamar ana jan takarda a kan tabarma, "Bari. Ba za ki same ta ba, don ni ma ba tawa ba ce. Ta ƙanena ce, Mitsugu. Haka yake dariya yana ƙarami, ya ja numfashi ciki kamar mai shaƙuwa sannan ta ɓarke. Na baro shi yana ɗan shekara takwas. Ranar gwaji aka ce in yi dariyar yaro, ita ce ta fito." Ta huta. "Ba ki da wani yaro naki? Ƙane, ɗan maƙwabta, wanda ya taɓa ba ki haushi?"

Minori ta yi tunani ta ce akwai wani a ajinsu na firamare da ya taɓa sa mata kwaɗo a jaka.

"To shi za ki nemo. Ki bar mini nawa."

Ban taɓa jin sunan Mitsugu ba sai ran nan. Da yarinyar ta tafi na tambaye ta. Ta ce yana nan da ransa, shi ya riƙe gonar. Rabonta da shi tun jana'izar mahaifiyarsu. A wurin ya ce mata ta tafi ta bar shi da tsofaffi da itatuwa, ta dawo tana magana kamar mai karanta labarai, ko kukan uwarta da harshen Tokyo take yi. Ita ma ta mayar masa da abin da ya fi wannan zafi. Shi ke nan. Duk kaka yakan aiko da kwalin tuffa ba ko gaisuwa a ciki, ita kuma ta aika da ganyen shayi.

"Ya san ba ki da lafiya?"

"Kada ki soma."

Na soma. Lambar tana jikin kwalin tuffar bara da take ajiye tsofaffin jaridu a ciki. Da na kira, wani tsoho ya ɗauka, na yi bayani. Sannan ya faɗi wani abu da ban gane ko kalma ɗaya ba, ya ajiye.

Sanyi ya fara shigowa, jikinta ya yi ƙasa sosai. Ta ƙi kwanciya a asibiti, sai ma'aikaciyar jinya ke zuwa gida. Abinci ya daina wucewa sai ruwa-ruwa. Genzo, wanda tun da na aure shi bai taɓa canza yadda yake awara ba, ya koma yin wata mai laushi kamar kunu saboda ita, ya ce wai gwaji yake yi. Muryar da ta ƙi yarda a cire, ciwon ya cinye ta da kansa. Sai ta buga cokali a jikin kofi idan tana son wani abu. Na taɓa ganin ta ita kaɗai tana motsa leɓe ga madubi. Na koma da baya a hankali na sauka, na daɗe a tsaye a ƙasan matakala.

Mitsugu-san ya iso wata Talata da hantsi, bayan an gama tsinkar tuffa. Gajere kamar ita, fuska duk rana ta ƙone, da jaka a kafaɗa da kwali a hannu. Ya tsaya a gaban shagonmu yana duba lambobin gidaje. Na raka shi sama. Minori na nan tana shafa mata mai a ƙafa.

Ya tsaya a bakin ƙofa bai cire hula ba. Suka kalli juna. Ta harare ni, na yi kamar ban gani ba.

"Yaya," ya ce, "kin tsufa."

Ta ɗaga hannu ta nuna kansa, ta yi alamar ya cire hular. Ya cire. Babu gashi ko ɗaya, sai ƙyalli. Ta nuna sanƙon, ta nuna tuffar da ke leƙowa daga kwalin, ta haɗa yatsu biyu wai duk ɗaya ne.

Sai tsohon nan ya ja numfashi ciki kamar mai shaƙuwa, dariya ta ɓarke masa. Tsigar jikina ta tashi. Muryar ta yi kauri, ta tsufa, amma ita ce, dariyar Zunta, wadda na ji daga ɗakin baya duk Lahadi tun Keiko na goye. Minori ta saki kwalbar man, ta toshe baki da hannu biyu. Shi bai san me ya faru ba, ya dube mu ya ce, "Lafiya?" Teruyo-san na kwance kafaɗunta na rawa, hawaye na gangara mata cikin kunne.

Ya zauna bai koma ba. Ya shimfiɗa bargo a gefenta. Ya kankare tuffa ya matse ruwan a tsumma yana ɗiga mata a baki. Da yamma yakan sauko su zauna da Genzo a bayan gida suna shan taba, kowa na magana ɗayan na gyaɗa kai ba tare da ya gane rabin abin da aka ce ba. A nan ya gaya wa Genzo cewa bai taɓa fashin kallon wasan ba. Matarsa ta rasu, 'ya'yansa suna can birnin Sendai, shi kaɗai yake kunna talabijin ya zauna. "Ta nan nake sanin tana lafiya," ya ce. "Da bazara na ji muryar ta canza. Na ce mura ce."

Genzo ya ce, "Ka san kai ne yaron?"

"Wane yaro?"

Da aka yi masa bayani ya zuƙi tabarsa. Ya ce, "Ni haƙorina a kan itacen tuffa na karya shi. Ita ce ta turo ni."

Ranar da za ta rasu, rana ta fito sosai, na shanya mata bargo a baranda. Wajen la'asar na hau da madara, duk da na san ba za ta sha ba. Mitsugu-san na zaune ya riƙe hannunta. Numfashinta ya riga ya canza. Ta buɗe ido ta motsa baki, ya kai kunnensa. Magana ta fito, siririya, amma magana ce, irin wadda muka yi makonni ba mu ji ba. Ba harshen da na san ta da shi ba ne. Kalmomin gajeru ne, a dunƙule, kamar ana tsoron buɗe baki saboda sanyi. Ya amsa mata da irinsa. Ta sake cewa wani abu, ya ce, "I, i." Ta rufe ido. Ba ta ƙara buɗewa ba. Kafin ma'aikaciyar jinya ta iso an gama.

Daga baya, muna gyara ɗakin kafin malamin haikali ya zo, na tambaye shi me ta ce.

"Tambaya ta yi ko dusar ƙanƙara ta sauka a dutse. Na ce ta sauka. Ta ce to a rufe wa itatuwa gindi kada ɓeraye su ci."

"Shi ke nan?"

"Shi ke nan. Ai lokacinsa ne."

Mun so a yi jana'iza ƙarama, amma jarida ta buga. Mutane suka cika layinmu har bakin titi, ba hayaniya, ba turereniya. Akwai maza da kwat sun fito daga ofis, akwai mata da goyo, akwai direban tasi da ya ajiye motarsa ya tsaya da hula a hannu. Yawancinsu ranar suka fara ganin fuskarta, a hoton da aka sa a gaban furanni. Wani yaro ya tambayi uwarsa wace ce wannan tsohuwar. Uwar ta dube ni. Na ce masa abokiyar aikin Zunta ce.

Wurin ƙona gawa mu huɗu muka je: ni, Genzo, Mitsugu-san da Minori. Da aka fito da ƙasusuwan muka riƙa ɗauka mu biyu-biyu, kamar yadda al'ada take, da dogayen tsinke muna sawa a tulu, daga ƙafa zuwa sama. Ma'aikacin ya ware ƙashin wuya a gefe, wanda ake sawa daga ƙarshe, ya ce na kusa da ita ya ɗauka. Mitsugu-san ya dubi Minori ya ce, "Zo ki kama mini, 'yata. Hannuna rawa yake." Ta kama. Tare suka kai shi cikin tulun.

Washegari muka rufe shago muka raka shi tashar jirgin ƙasa ta Ueno. Ya rataya akwatin tulun a wuya da farin ƙyalle, ya tallafe shi da hannu biyu a cikin cunkoso, Genzo na gaba yana buɗa masa hanya da jakar. Na ba shi ƙunshin shinkafa da soyayyiyar awara na hanya. Ya sunkuya, muka sunkuya, ya ce idan an yi tuffa baɗi zai aiko, Genzo ya ce a sa gaisuwa a ciki wannan karon.

Ta gilashi muka ga ya sami wurinsa. Kujeru biyu ne a jere, babu kowa a ɗayar. Ya sauke akwatin ya ajiye a ta jikin taga, ya gyara masa ƙyallen, ya ɗan juya shi ya fuskanci waje. Shi ya zauna a ta gefen hanya, ya cire hula ya ɗora a gwiwa. Jirgin ya fara motsi yana kwance ƙunshin shinkafar.